Zuwa ga ƙawata, a kan fim ɗin ɗiyar Yaya

Ƙawata,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Yaya sanyin ƙasar mutane? Mu nan Yamai zafi ya buɗe sosai, kogi ma ya ja baya, yara na ƙwallo a kan yashi kusa da Gadar Kennedy. Hajiya ta samu sauƙin ƙafar, tana gaishe ki.

Kin ji ni shiru tun bayan salla. Ɗiyar Yaya ce ta jefa ni cikin aiki, wannan dai da kika sha goyo. Ta gama jami'a, ta sayar da ragunanta biyu, ta ari kyamara, wai fim za ta yi na minti 18. Ni aka ba riƙon makirfo, an ɗaure shi da roba a kan sandar gora. Ki yi dariyarki, ni ma na yi.

Labarin kuwa na 'yan mata biyu ne masu son juna, an sa ranar auren ɗaya. Da ta karanta mini sai da na tashi na rufe ƙofa. Na ce, ke 'yar nan, kin san sunan da za a kira wannan a gari, maɗigo, daga nan kuma ba mai sauraron sauran zancen. Ta ce: "Inna, ni ba wa'azi zan yi ba, ba kuma talla ba. Wadda na sani ce, ta yi wata uku ba ta cin abincin kirki, aka ce aljanu ne." Na rasa ta cewa. Ko ke kin tuna irinta a lakwal ɗinmu ta Tawa, kowa ya gani, kowa ya kau da kai.

A fim ɗin ko hannu ba su riƙe ba. Wurin da ya fi tsaya mini a rai wajen kitso ne. Amaryar na zaune a kan tabarma, ɗayar na yi mata kitson biki, ta kai layin ƙarshe sai ta tsefe, ta sake tsagawa da tsinke, ta kuma tsefewa. Ba ta son ta gama. Sau 9 muka ɗauka, yanzu babur ya wuce, an jima an ɗauke wuta janaretan maƙwabta ya tashi. A na ƙarshen hannuna na rawa, ban sani ba ko nauyin gorar ne.

Da na ɗauka kuɗi ne zai kayar da mu, ashe fuska ce ta yi tsada. 'Yan mata uku suka amsa, suka karanta, suka janye. Ban ga laifinsu ba. A nan mutane ba su raba ɗan wasa da rawar da ya taka. Zalika Souley ta ɗanɗana wannan tun 1966, lokacin da ta fito a fim ɗin kaboyi na Moustapha Alassane, namu na Tawa; abin da ta yi gaban kyamara shi aka riƙa jifanta da shi a unguwa, ga shi ta rasu a 2021 ana ta yabonta. Mu da Oumarou Ganda ya ciyo mana babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 1972, yau yarinya na neman wadda za ta zauna a yi mata kitso ta rasa. Biyun da suka yarda daga baya, sharaɗinsu kada a rubuta sunansu.

To an gama, a ina za a nuna? Ita tana kafa hujja da fim ɗin Rafiki na Wanuri Kahiu, shi ma a kan 'yan mata biyu masu son juna, wanda hukumar tace finafinan Kenya ta hana a 2018, ya je bikin finafinai na Cannes a Faransa, kotu kuma ta ɗage hanin na kwana 7 mutane suka cika silima a Nairobi. Na ce mata waccan tana da lauyoyi da kuɗin waje, ke raguna biyu gare ki, su ma an ci. Kuma darakta na iya hawa jirgi. Yarinyar da aka yi wa kitso a unguwar Harobanda za ta kwana, gidan ubanta. Minti ɗaya ya faɗa WhatsApp, kafin magariba ya zaga dangi. Mun yi kwana biyu ba ta yi mini magana ba a kan haka. Har yanzu ban san ko na yarda da duk abin da take nufi ba, amma aikin ya yi kyau, wannan kam ba zan ɓoye ba.

Ga roƙona. Ki bincika mana a can ko akwai ƙaramin bikin finafinai da ke nunawa a zaure kawai, ba a ɗorawa a intanet, kuma nawa ne kuɗin shiga. Za a buƙaci mai sa fassarar Faransanci a ƙasan hoto, da Hausa da Zabarmanci suka yi magana. Fim ɗin kansa ba zan turo ta waya ba, sai wani amintacce zai taho. Yaya bai sani ba tukuna, don Allah in kun yi waya kada ki taɓo zancen.

Kilishin da kika ce yana nan na ajiye. Ki shafa mini kan yara, ki gaida maigidan.

Taki har kullum,
ƙawarki ta Yamai