Fim marar surutu ba ɓata lokaci ba ne

Malam Edita, assalamu alaikum.

Na ga rubutun da kuka buga, inda marubucin ya ce finafinan nan marasa labari, waɗanda kyamara ke kafe a kan abu guda ba mai cewa uffan, shirmen Turawa ne. Ni tela ne a Jidda, ban karanci fim ba, amma ban yarda da shi ba.

Tun da aka sake buɗe gidajen sinima a Saudiyya a 2018, aka kuma fara bikin finafinai na Red Sea a tsohon garin Jidda a 2021, irin wannan aiki ya iso mana har gida. Kuma ba Turawa kaɗai ke yin sa ba. Ibrahim Shaddad, ɗan Sudan, ya yi gajeren fim a 1981 a kan raƙumin da ke juya matsar riɗi a wani ƙuntataccen ɗaki. Ba mai yi maka bayani. Zagayen ne ake ta maimaitawa har kai ma gajiyar ta sauka a jikinka.

Hoto kansa na magana ko ba surutu. Wajen 1920 wani mai shirya fim ɗan Rasha, Lev Kuleshov, ya ɗauki hoton fuskar ɗan wasa, ba fara'a ba ɓacin rai. Ya jera ta da kwanon miya, 'yan kallo suka ce yunwa yake ji. Ya jera ta da yarinya a akwatin gawa, suka ce kai, dubi baƙin ciki! Alhali fuskar ita ce dai.

To, dabarar da ake yi mana ke nan a TikTok. A nuna wata Hajiya zaune a gefen titi a Sharar Mansur ta Makka, a yanke, a nuno hannu da riyal biyar, a ɗora sautin ban tausayi. Mutum yana Kano ya yanke hukunci cewa 'yan takari bara suke yi. Da mai ɗaukar ya ja da baya taku biyu, da an ga kular tuwonta da masu jiran canji. Yadda ɗinki ke canza yadi, haka yanka da haɗi ke canza hoto.

Roƙona, ku ware ɗan fili a shafin nishaɗi, ku gayyato editocin Kannywood su riƙa bayyana wa masu karatu yadda ake yanka hoto da ɗora sauti. Labarin auren jarumai ya ɗan huta mako guda.

Naku,
Mai karatu daga Jidda