Kada mai fassara ya sa wa jami'in nan ƙarya a baki

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ina roƙon a saka fim ɗin Jamus na 1937, Der Mann, der Sherlock Holmes war, wato mutumin da aka ɗauka Shalok Homs ne, shahararren mai binciken laifi na littattafan ƙagaggun labarai, a filinku na tsofaffin finafinai. Karl Hartl ya ba da umarni, kamfanin UFA ya shirya. Sai dai fim ne da fassara kan iya kashe shi da jimla ɗaya.

Hans Albers ya fito a matsayin Morris Flynn, mai binciken laifi mai zaman kansa da kasuwa ta ƙi, Heinz Rühmann kuma yaronsa ne, Macky. Flynn ya sa hula da kwat mai zane-zane, ya ɗauki lofe, suka riƙo akwatin goge, suka tare jirgin ƙasa da dare zuwa Burasel, babban birnin Beljiyam, inda ake baje kolin duniya na 1910. Kowa ya gan su sai ya ce ga Homs da abokin aikinsa Dakta Watson. 'Yan sanda da kansu suka damƙa musu binciken wasu kan sarki na wasiƙa, na tsibirin Morishiyas na 1847, da aka sace aka musanya da jabu.

To ga inda gizo ke saƙa. Flynn bai taɓa cewa shi ne Homs ba. Mutane ne ke faɗa, in ya musa ma sai su ƙara yarda. Da wannan hujja yake kare kansa a kotu a ƙarshe, kafin mutumin da ke ta ƙyalƙyala dariya tun farko ya bayyana cewa shi ne Conan Doyle, marubucin da ya ƙirƙiri Homs. Masu ɗora murya sun saba cike gurbin shiru da maganarsu. Idan aka sa masa "ni ne Homs" ko sau ɗaya, ya zama maƙaryaci, zaman kotun kuma ya tashi a banza. Don haka mai fassara ya kalli fim ɗin har ƙarshe, ya rubuta zaman kotun tukuna, sannan ya komo farko yana auna kowace amsar Flynn da shi.

Waƙar da su biyun suke rerawa a bahon wanka a bar ta da Jamusanci, a sa ma'anarta a rubuce a ƙasa, layi biyu, kowanne kada ya wuce haruffa 40. Kuma tunda hoton baƙi da fari ne, launin kan sarkin sai an faɗa da baki: na kwabo biyu shi ne shuɗi, shi ne kuma ya fi suna.

Sai sigar hoto. An ɗauke shi a kan ma'aunin faɗi da tsayi na 1.37:1, allon yau kuwa 16:9 ne. In aka ja shi ya cika allo, fuska na ƙara faɗi da kusan kashi 30 cikin 100. In aka yanke sama da ƙasa, hular da wasan ya dogara da ita ke tafiya. A bar baƙin gefe dama da hagu. Haka nan hoto 24 ne a daƙiƙa; in aka kunna a 25, muryoyi na ɗan sirancewa, sai an gyara sautin.

A gabatarwa kuma a faɗa wa masu kallo cewa a zamanin mulkin Hitila aka yi shi, kada a ɓoye.

Naku,
Mai kallonku daga Zariya