Ina ma a dawo mana da shafin yara

Malam Edita, barka da aiki. Kwanan nan sai yawo ake da hotunan tsofaffin mujallun yara na Birtaniya a Facebook, irin su Dandy da aka fara bugawa a 1937 ta daina fitowa a takarda a 2012, da Beano ta 1938 wadda har yau tana nan. Yaro da gajeren wando, gwiwa duk ƙasa, danƙon harbi na leƙowa daga aljihu, wallahi kallo ɗaya sai ka tuna kanka, duk da mu lokacin zanen kawai muke bi, Turancin bai zauna ba tukuna. To mu ina namu? Yaro na garin taya, motar kara, langa da daddare a dandali. Don Allah ku ware mana ko rabin shafi ne ranar Juma'a, masu zane ai muna da su.

Naku,
wani mai karatu daga Zariya