Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga Baban da ya tambaye ni ko likitocin da ne suka yi ƙarya ko na yanzu

Baba, ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya tare da iyali. A taron 'yan fansho da aka gayyace ni in yi magana kan hawan jini, ka miƙe a gaban jama'a ka ce tun kana aiki wani likita ya shaida maka kofi ɗaya na jar giyar inabi da daddare maganin zuciya ne. Ka ce ka riƙe wannan magana shekara da shekaru, kuma tun rasuwar Mama, mai ɗakinka, kofin nan ne ke sa ka barci. Sannan ka tambaya: su wa suka yi ƙarya, likitocin da ko mu na yanzu? Tunda a bainar jama'a ka yi tambayar, a nan ya kamata amsar ta zo. Hukuncin addini kan barasa sananne ne, kuma akwai waɗanda suka fi ni cancantar faɗarsa. Ni abin da bincike ya nuna zan kawo maka.

Likitanka bai yi maka ƙarya ba, abin da aka koya masa ya faɗa. A 1991 wani shirin talabijin na Amurka ya yayata ra'ayin masanin nan Bafaranshe, Serge Renaud, cewa Faransawa na cin maiƙo sosai amma ciwon zuciya bai cika kashe su ba saboda jar giyar da suke sha. Nan da nan cinikinta ya yi tashin gwauron zabo. Ga kuma bincike iri-iri da suka nuna masu shan kaɗan sun fi waɗanda ba sa sha tsawon rai.

Inda gizo ke saƙar shi ne su wa aka ƙidaya a cikin waɗanda ba sa sha. Mutumin da ya yi shekara talatin yana sha har hantarsa ta lalace, likita ya hana shi, in mai bincike ya zo da takarda ya tambaye shi, cewa zai yi ba ya sha. Haka wanda ciwon suga ko ciwon zuciya ya sa ya daina. Sai aka tara marasa lafiya a layin masu ƙauracewa, aka gwada su da masu shan kaɗan, waɗanda galibi masu hali ne, suna cin abinci mai kyau, suna ganin likita a kan kari. Dole masu kofi ɗaya su fito kamar sun fi lafiya. Tun 1988 Farfesa Gerald Shaper na Landan ya ja hankali kan wannan kuskure, amma labari mai daɗin ji ya fi gyara saurin yaɗuwa. A 2023 masu bincike na Jami'ar Victoria a Kanada suka sake tantance bincike 107 da suka shafi mutum sama da miliyan 4.8, suka wallafa a mujallar JAMA Network Open. Da aka gyara wannan lissafi, ribar tsawon rai da ake jingina wa shan kaɗan ba ta tsaya da ƙafarta ba.

Wanda ya fi gamsar da ni shi ne na ƙasar Sin, da mujallar Lancet ta buga a 2019. An bi mutum kusan rabin miliyan na kimanin shekara goma. A gabashin Asiya akwai masu gadon wata halitta da ke sa fuskarsu ja da tashin zuciya in sun sha, don haka ba sa iya sha da yawa, ko su talakawa ne ko masu kuɗi. Wannan ya ba masu binciken damar ware aikin barasar daga aikin arziki. Abin da suka gani: gwargwadon sha, gwargwadon hauhawar jini da haɗarin shanyewar ɓarin jiki. Kan bugun zuciya kuwa sakamakon bai fito sarai ba, kuma har yau akwai masanan da ke ganin akwai ɗan amfani a wannan ɓangare. Ba zan ɓoye maka wannan ba.

Sai dai ko an sallama musu, ciwon daji na nan. Tun 1988 hukumar binciken ciwon daji ta duniya ta sa barasa a rukunin farko na abubuwan da ke haddasa shi, rukuni ɗaya da taba. Aƙalla iri bakwai ne, har da na baki, maƙogwaro, hanta, hanji da nono. Shi ya sa a Janairun 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce babu wani ma'aunin sha da za a kira marar haɗari. Binciken da ya fi kusa da kai ya fito a 2024, kan mutum sama da 135,000 masu shekara 60 zuwa sama a Birtaniya. Ba a ga shan kaɗan ya rage mutuwa ba, kuma cutarwar ta fi bayyana ga masu wani ciwon da masu ƙaramin ƙarfi. A ƙasarmu, inda ciwon hanta nau'in B ya yawaita kuma da yawa ba su san suna ɗauke da shi ba, wannan ba ƙaramar magana ba ce.

Akwai kuma abin da shekaru suka canza. Jikin dattijo ya fi na saurayi ƙarancin ruwa, hanta kuma ta rage sauri. Gishirin da ya yi daidai a babbar tukunya, in an zuba shi a ƙarama sai miya ta ɓaci. Kofin da ka sha kana ɗan arba'in ya fi daɗewa da ƙarfi a jininka yau. Ga magunguna: da na suga, barasa na iya kayar da sugan cikin dare, da na ciwon gaɓoɓi irin su diclofenac, tana ƙara haɗarin zubar jini a ciki, da na barci, tana iya danne numfashi.

Ƙwaƙwalwa ma ba ta tsira ba. Masu bincike na Oxford da Landan sun bi ma'aikatan gwamnati 550 tsawon shekara 30, sannan suka ɗauki hoton ƙwaƙwalwarsu, aka buga sakamakon a mujallar BMJ a 2017. Masu shan abin da ya kai babbar kwalbar giya biyar zuwa bakwai a mako, wanda kofin inabi kowane dare ya faɗa cikinsa, sun ninka marasa sha sau uku wajen yiwuwar tsukewar sashen da ke riƙe tunani. Binciken bai tabbatar barasar kaɗai ce sanadi ba, amma bai nuna wata kariya ba ko kaɗan. A 2020 kwamitin Lancet kan gigin tsufa ya sa yawan shan barasa cikin abubuwan da ake iya kauce wa, a jeri ɗaya da kaɗaici da ciwon damuwa.

Baba, ka yi mini afuwa, amma rabin tambayarka na biyu ya fi damuna. Ka ce tun rasuwar Mama. Gaskiya ne barasa na saurin kawo barci, amma da tsakar dare, in ta fara barin jiki, sai barcin ya tsinke. Mutum ya farka ƙarfe uku, ga fitsari, ga tunani, ga jiri a hanyar banɗaki, kuma faɗuwa ɗaya kan karya ƙugun dattijo. Washegari jiki a mace, zuciya a cunkushe, da daddare sai a ƙara kofin. Damuwa na kai mutum ga sha, sha kuma na zurfafa damuwa, har wanda ke ciki ya kasa gane wanne ya fara. Dattawanmu ba su cika cewa suna baƙin ciki ba. Cewa suke kai ya yi zafi, wani abu na yawo a jiki, abinci ba ɗanɗano, ba sa son fita. Sai a yi ta ba su maganin zazzaɓi da na ƙarin jini. Mutumin da ya bar aiki, abokiyar zama ta tafi, 'ya'ya suka watse garuruwa, fansho kuma sai an yi ta jira, ba abin kunya ba ne in zuciyarsa ta yi nauyi. Ciwon damuwa yana da magani, ta hanyar zama da ƙwararre ko ƙwaya ko duka biyun, kuma tsufa ba ya hana shi yin aiki.

Laifin ba na mai sha kaɗai ba ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta barasa ta yi sanadin mutuwar mutum miliyan 2.6 a 2019, kuma abin da ya fi rage wannan shi ne farashi da wahalar samu. Scotland ta ƙayyade mafi ƙarancin farashi a 2018, binciken da ya biyo baya ya ƙiyasta mace-macen da barasa kaɗai ke jawowa sun ragu da kusan kashi 13 cikin ɗari. A nan NAFDAC ta fara aiwatar da hana giyar leda a Fabrairun 2024, masu kamfanoni suka tayar da ƙura. Ina tare da hanin.

Abin da nake roƙonka shi ne ka je wurin likita ka faɗa masa ainihin abin da kake sha, ko da kofin ya zama biyu ko uku. In kofi ɗaya ne da gaske, kana iya ajiye shi, ka kuma yi tsammanin 'yan kwanaki na barci marar daɗi kafin ya daidaita. In kuwa hannunka na karkarwa da safe, ko kana gumi da faɗuwar gaba har sai ka sha, kada ka yanke lokaci ɗaya a gida. Yankewar farat ɗaya na iya kawo jijjiga da gane-gane cikin kwana biyu zuwa uku, kuma tana kisa. Irin wannan a asibiti ake yi, da magani da bitamin B1 don kare ƙwaƙwalwa. Asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya da ke Barnawa a Kaduna, Kware a Sakkwato da Maiduguri duk suna wannan aiki, manyan asibitocin koyarwa ma haka. Ka tafi da duk magungunanka a leda ɗaya, har na gargajiya, ka nemi gwajin hanta, kuma ka ba likitan labarin rasuwar Mama da yadda darenka ke kasancewa.

Allah ya jiƙan Mama, ya ƙara maka lafiya.

Ɗanka,
ma'aikacin lafiya