Godiya ga gidan renon tsirran da ya hana ni sayen gorar da na ɗauko

Zuwa ga shugabar gidan renon tsirrai da ke bayan garin Leeds, da dukan ma'aikatanta. Gaisuwa mai yawa. Da Hausa na rubuta wannan takarda don 'yan'uwanmu mazauna arewacin Ingila su karanta, ɗana kuma zai fassara muku ita.

A watan Afrilun 2021 na shigo wurinku neman gora. Filin bayan gidanmu bai fi taku goma ba, tagogin maƙwabta kuma sun leƙo shi ta kowane gefe, har maiɗakina ba ta sakewa ta zauna a waje. Shinge mai rai nake so in yi mata, wanda hunturu ba zai kaɗe wa ganye ba. Na riga na ɗora wata doguwar gora mai ruwan ɗorawa a kan amalanke, irin da ake kira Phyllostachys, ita ce ma mafi tsada a layin, sai wata dattijuwa cikin ma'aikatanku ta tsayar da ni. Ta tambaye ni faɗin filin, ta kuma tambayi abin da ke bayan dangarmu. Na ce daɓen maƙwabci ne. Sai ta girgiza kai.

Ba ta tsaya dogon bayani ba. Ta kifa tukunyar da na ɗauko, ta zare ƙasar gaba ɗaya, ta nuna mini wata saiwa mai gaɓa-gaɓa, kaurin yatsa, da ta kewaye cikin tukunyar tana neman hanyar fita, bakinta da tsini kamar mashi. Ta ce wannan in ta samu ƙasa tafiya take yi, ta bi ta ƙarƙashin danga ta ɓullo a gidan mutane. Sannan ta kifa wata ƙaramar tukunya ta wata irin gora daban, wadda ake kira Fargesia murielae. Saiwarta gajera ce, a dunƙule kamar ɗanyar citta, kowace ta ɗan lanƙwasa ta yi sama dab da uwarta. Nan take na gane ta, don haka gorar dajinmu take tsayawa cunkus wuri guda, wadda makiyaya ke yanko sanda a jikinta. Bambancin kawai, tamu ta zafi ce, wannan kuwa daga duwatsun ƙasar Sin ta fito, inda dabbar fanda ke cin danginta, tana kuma jure sanyin da ya kai digiri 20 ƙasa da sifiri.

Na fita da ƙananan tukwane huɗu, na biya ƙasa da abin da na yi niyya. Wannan shi ne abin da ya tsaya mini a rai. Ciniki ya riga ya faɗa, kuɗi na hannuna, amma ta zaɓi ta rage wa gidanku riba don kada in yi rigima da maƙwabci bayan shekara uku.

Ita ce kuma ta ba ni tarihin shukar. Wani Bature mai suna Ernest Wilson ne ya samo ta a yammacin lardin Hubei na ƙasar Sin a 1907, aka raɗa mata sunan 'yarsa Muriel. Da yake ta hanyar raba saiwa aka yi ta yaɗa ta, duk na lambunan Turai tamkar jiki ɗaya ne, shi ya sa daga shekarun 1970 zuwa na 1990 suka yi fure bi da bi suka mutu. Waɗanda kuke sayarwa yanzu daga irin da suka zubar aka raino su, don haka ba a sa ran furensu sai bayan gomman shekaru. Na ji daɗin wannan bayani ƙwarai, domin mai shuka yana son sanin asalin abin da zai sa a ƙasarsa.

Na bi abin da kuka ce. Na dasa su a gefen da rana ba ta daɗewa, na zuba ruɓaɓɓen taki, na yi ta ban ruwa shekara biyun farko, ganyen da ya zube kuma na bar shi a gindinsu ban share ba.

Ranar da hankalina ya tashi ita ce wata safiya cikin tsananin sanyin Disambar 2022. Na leƙa na tarar kowane ganye ya nannaɗe ya zama siriri kamar tsinken tsintsiya, ƙanƙara ta yi masa fari fat. Na buga muku waya ina cewa sun mutu. Saurayin da ya ɗauka ya ce kada in yanke ko kara ɗaya, haka take yi don ta tsare ruwan jikinta idan ƙasa ta daskare. Da sanyin ya sassauta, ganyen suka buɗe shar, kamar ba abin da ya same su.

Yanzu sun wuce tsayina, sun haɗe da juna, kansu ya ɗan sunkuyo, kuma ko toho ɗaya bai ƙetare danga ba. Maiɗakina ta kai kujerarta can, da la'asar nan take shan shayi tana waya da gida. Ta ce lallai in isar da gaisuwarta ga dattijuwar nan musamman.

Allah ya saka muku da alheri, ya ƙara wa sana'arku albarka. In Allah ya kai mu Afrilu zan dawo ku nuna mini yadda ake raba gindin, don wani abokina a Bradford ya roƙi kaso.

Naku,
wani mazaunin Leeds