Waƙar yaron Compton da yaran da ke zaune a tsakiyar daba

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a jaridarka domin in yi magana a kan wata waƙar gambarar zamani ta Amurka, wadda na daɗe ina jin matasanmu suna kunnawa a wayoyinsu suna kaɗa kai, alhali kaɗan ne daga cikinsu suka tsaya suka fahimci abin da mai waƙar yake faɗa. Waƙar ita ce "m.A.A.d city" ta Kendrick Lamar, wadda ta fito a 2012 cikin kundinsa mai suna "good kid, m.A.A.d city", wato yaron kirki a mahaukacin birni. Ni malamin sakandare ne, kuma wani ɗalibina ne ya sa na zauna na bi baitocinta ɗaya bayan ɗaya.

An haifi Kendrick Lamar a 1987 a Compton, wani gari da ke kudu da Los Angeles a jihar Kalifoniya. Kafin haihuwarsa, ƙungiyoyin daba biyu sun riga sun raba unguwannin yankin a tsakaninsu: Crips, masu shuɗin tufa, waɗanda suka taso a Los Angeles wajen 1969, da kuma Piru, masu jan tufa, waɗanda suka samo sunansu daga wani titi na Compton kuma daga cikinsu ne ƙungiyar dabar da ake kira Bloods ta yi tushe. Manyan masana'antun da ke ɗaukar baƙar fata aiki sun yi ta rufewa, ciki har da ta haɗa motoci ta General Motors a South Gate a 1982, sannan wani nau'in hodar ibilis mai araha da ake kira crack ya cika tituna, ya kawo kuɗi da bindigogi a hannun yara masu shekara goma sha wani abu. A cikin wannan hali ya yi wayo.

Abin da ya ja hankalina shi ne matsayin mai ba da labarin. Bai zo a matsayin shugaban daba mai kirari da yawan waɗanda ya kashe ba. Yaro ne da gidansu ya faɗo a tsakiyar rigimar, wanda abokansa da danginsa suke ciki, shi kuma yana ta neman hanyar wucewa. Ya ba da labarin ganin an harbe mutum a wurin sayar da abinci tun yana ƙarami, da yadda mahaifiyarsa take yi musu tsawa su sunkuya idan an fara harbi suna tsakiyar cin abinci, da ɗan uwansa da aka kashe a 1994, shekara biyu kacal bayan sulhun da ƙungiyoyin dabar yankin suka ƙulla a 1992. Bai kuma wanke kansa ba, domin ya faɗi yadda zugar abokai ta sa ya rasa aikin gadin da ya samu, da yadda aka taɓa ba shi tabar wiwi da aka cakuɗa da wani abu har ya yi kumfar baki.

Amshin waƙar kuwa tambaya ce da ake yi wa yaro a kan hanya: kai ɗan ina ne, ina gidan kakarka? A Compton amsar wannan tambaya tana iya zama ajalin mutum. Da na kai nan sai na ajiye wayar, saboda na san wannan tambayar a Kano, kuma ba a waƙa na san ta ba. Ɗalibin da na ambata yakan yi latti kusan kullum, na yi ta hukunta shi har tsawon zango guda, sai daga baya ya gaya mini cewa zagaye mai nisa yake yi domin kada ya ratsa wata unguwa da ba ta ga maciji da tasu. Bai taɓa riƙe wuƙa ko gora ba, amma sunan unguwarsu kaɗai ya isa a sare shi. Har yau ina jin nauyin wannan hukunci a raina.

Ba zan ɓoye ba, Malam Edita, waƙar cike take da ashar da kalmomin da ba zan yarda a furta su a gidana ba, kuma iyayen da ke ƙyamar ta saboda haka suna da hujja. Haka nan akwai waƙoƙin gambara da yawa da ke tallar kisa da shaye-shaye, kuma wasu mawaƙanmu na nan gida sun kwaso wannan ɓangaren kaɗai, suna ta cika baki da harin abokan hamayya, ba tare da sun taɓa ba mu labarin uwar da ke kwana ido biyu tana sauraron ƙarar ƙofa ba. Sai dai yi wa waƙoƙin duka kuɗin goro yana hana mu jin shaidar da ke cikin irin wannan. Kundin da waƙar take ciki ya ƙare ne da kashe abokin yaron, da wata tsohuwa da ta tare samarin suna shirin ramuwa ta ja su zuwa addu'a, da muryar iyayensa a waya suna kiransa ya dawo gida. A 2018 aka ba wannan mawaƙi lambar yabo ta Pulitzer a fannin kiɗa saboda wani kundin nasa, karo na farko da aka ba mawaƙin gambara.

Idan aka yi maganar daba a Kano, ko sara-suka a Bauchi, ko kalare a Gombe, mutum biyu muke gani a jaridu: ɗan daban da 'yan sanda suka yi holinsa da makamai a gabansa, da kuma wanda aka kashe ko aka ƙwace wa waya. Yaran da ke tsakanin waɗannan biyu sun fi su yawa nesa ba kusa ba, kuma daga cikinsu ake ɗiban sababbin 'yan daba, sau da yawa saboda yaro ya gaji da duka ya nemi inuwar da za ta kare shi. Su ne suka san wane lungu ake tarewa da kuma wa ke sayar da ƙwaya. Sun kuma san wane ɗan siyasa ne yake aiko da kuɗi idan zaɓe ya matso.

Roƙona ga jaridarka shi ne ta tura wakilai cikin unguwannin nan su zauna da irin waɗannan yara, a sakaya sunayensu, a buga abin da suka faɗa da bakinsu. Ina kuma kira ga 'yan uwana malamai da mu riƙa tambayar ɗalibi dalilin lattinsa kafin mu ɗaga bulala, ga mawaƙanmu na Hausa kuma da su rera mana labarin yaron da ke zagaye unguwa guda kafin ya isa makaranta.

Na gode,
Wani malamin sakandare, Kano