A Tattara Sauran Rubuce-rubucen Abubakar Imam

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni ɗan fili a jaridarka mai farin jini domin in ja hankalin malaman Hausa da masu buga littattafai kan wani giɓi da ke cikin yadda muke karanta marigayi Alhaji Abubakar Imam, wanda aka haifa a Kagara a 1911, ya rasu a 1981.

Duk wanda ka tambaya a nan Sakkwato, daga ɗalibin sakandare har mai shimfiɗa littattafai a bakin kasuwa, Magana Jari Ce zai fara ambata, in ya ƙara ya ce Ruwan Bagaja, daga nan sai ya yi shiru. Littattafan nan biyu sun cancanci sunan da suka yi. Ruwan Bagaja ya fito ne daga gasar da Hukumar Talifi ta Zariya ta shirya a 1933 a ƙarƙashin Rupert East, lokacin Imam yana koyarwa a Midil ta Katsina, Magana Jari Ce kuma ya biyo baya cikin kundi uku daga 1937. Sai dai mutumin da ya ƙago Malam Zurƙe na cikin Ruwan Bagaja ya rayu fiye da shekara 40 bayan haka, kuma alƙalaminsa bai tsaya a ƙagaggen labari ba. Ya rubuta tarihin rayuwar magabata, kamar Tarihin Annabi da Sayyidina Abubakar, da irin Hausar nan tasa mai sauƙi wadda yaro ke karanta wa kakarsa ta gane ba tare da an yi mata fashin baƙi ba, amma yau sai ka zagaya shaguna da dama kafin ka ga kwafi ɗaya.

Abin da ya fi damuna shi ne rubutunsa na siyasa. A watan Janairun 1939 aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo, Imam ne editanta na Hausa na farko, kuma a shafukanta ne mutanen Arewa da yawa suka fara ganin ana tattauna sha'anin mulki da ilimi da halin da talaka ke ciki a rubuce da harshensu. A 1943, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu, ya tafi Ingila cikin ayarin 'yan jaridar Afirka ta Yamma, tafiyar da ta haifi littafinsa Tafiya Mabuɗin Ilmi. A can ne ya ƙi sa hannu a takardar neman mulkin kai da Nnamdi Azikiwe ya jagoranci rubutawa, a can ne kuma ya gana da Lugard, ya bayyana masa illolin da ya gani a tsarin mulkin En'e. Mutum ɗaya ya ƙi bin 'yan kishin ƙasa na Kudu, ya kuma faɗa wa wanda ya kafa tsarin gaskiya a gabansa. Ko mutum ya yarda da matsayinsa ko bai yarda ba (ni kaina ina ganin ya yi taka-tsantsan fiye da kima a kan batun mulkin kai), ba za a fahimci yadda Jam'iyyar Mutanen Arewa ta samo asali ba sai an karanta abin da irin su Imam suka rubuta a wancan lokaci.

Wanda ya san wannan ɓangare zai koma Magana Jari Ce da wani ido dabam. Ai ginshiƙin littafin labarin fada ne: Sarki ya fita yaƙi, Waziri ya ci amana yana ƙulla makirci domin a hallaka Musa ɗan Sarki, tsuntsu mai magana kuma ya tsare yaron da labarai har ubansa ya dawo, daga baya aka naɗa akun nan Waziri. Tambayar wa ya cancanci kusantar mai mulki, mai gadon muƙami ko mai hikima da amana, tana nan kwance a ƙarƙashin barkwancin, kuma ita ce ta sake fitowa fili lokacin da marubucin ya zama edita. Idan muka koyar da labarin aku muka bar sharhin jarida, rabin mutumin kawai muka nuna wa ɗalibai.

Mu Sakkwatawa bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba, domin mun gaji malaman da ba su tsare alƙalaminsu a fanni ɗaya ba. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya rubuta tarihin mahaifinsa da na jihadi a Infaƙul Maisuri, ya kuma yi rubutu kan mulki da kan magani; Malam Abdullahi na Gwandu ya bar mana Diya'ul Hukkami a kan shugabanci da Tazyinul Waraƙati mai cike da waƙoƙi. Ba wanda ke nazarin ɗayansu da littafi guda.

Saboda haka ina kira ga sassan koyar da Hausa na jami'o'inmu, musamman Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, su haɗa kai da kamfanonin ɗab'i da iyalan marigayin a bi tsofaffin kwafen Gaskiya Ta Fi Kwabo da ke ajiye a gidajen adana tarihi, a tsamo sharhunansa, a buga su cikin littafi ɗaya, kowanne da kwanan watansa da ɗan bayanin abin da ya jawo shi. A kuma sa su a intanet, tun da takardar jarida ba ta jure ɗaruruwan hannaye da zafi irin namu. Littattafan tarihin da ya rubuta su ma a sake buga su a farashin da ɗalibi zai iya saye.

Na gode da wannan fili.

Naka,
Wani malamin Hausa mai ritaya,
Mabera, Sakkwato.